Baba Mai Tuta da Maɗacin Ƙofar Gidansu

Kafin direbobin jiragen fito su gama shan shayi, Baba Mai Tuta ya riga ya tura kwalekwalensa cikin tafki. Kayan aikinsa igiya ce, da tsofaffin jarkoki, da jajayen ƙyallayen da yake roƙo wurin tela. Duk kututturen da ya laɓe a ƙarƙashin ruwa yana jiran cikin jirgi, sai ya ɗaure masa jarka da tuta. Ba wanda ya ɗauke shi aiki fa. Albashinsa "sannu Baba" ne, shi ma in an tuna.

Yana saurayi aka gina madatsar da ke ba mu lantarki. Ruwa ya hau ya shanye garinsu, gidajen ƙasa suka narke, itatuwa suka mutu a tsaye. Shi ya sa har yau ba ya ce musu kututture. Sai ka ji ya kwaɗa wa direba kira: "Kai ɗan nan, yi dama, za ka hau tsamiyar mahauta!" Mu 'yan sabon gari mu yi ta dariya, ashe unguwannin iyayenmu yake karanta mana.

Akwai maɗacin ƙofar gidansu. Da rani in ruwa ya ja sai kansa ya fito, Baba da yayarsa su je, ta dafa reshe tana nuna masa inda Innarsu ke daka. Abin da ya rage musu na gida ke nan.

To, maɗacin nan a tsakiyar hanyar jirage yake. Wata ranar kasuwa iska ta tsinke tutar, jirgi cike da mata ya dake shi. Allah ya kiyaye, ba a rasa rai ba, amma wata mai sayar da kifi ta ce a gabanta Baba ya ciro jaririya daga ruwa. Rani na yi, ya aro zarto.

Yayarsa ta tare shi a bakin ruwa. "Ɗan Inna, ka haukace ne? In ka yanke shi, me zan nuna wa jikoki in ce nan ne gidanmu?"

"Yaya, ƙyalle nake ɗaurawa, iska kuma ta fi ni ƙarfi. In ya ci ɗan wani fa?"

Sai ta tattare zani ta shiga kwalekwalen. "Mu je in riƙe maka, kar ka faɗa ruwa, tsoho kawai."

Masunta sun ce tana riƙe tana kuka har ya gama. Bara na tambaye shi ko yana gane wurin. Ya ce, "Ina! Ruwa ne kawai yanzu." Wallahi sai da na kau da kai.

Baba, bana gwiwa ta zaunar da kai a gida, kuma ba mu taɓa tsayawa mun yi maka godiya ba. Mun gode, Mai Tuta, Allah ya biya ka. Ku kuma direbobi masu jini a jika, igiya ba ta da tsada, ku karɓi aikin nan tun yana da bakin nuna muku. Kai ne ka yanke alamar gidanku da hannunka, Baba, don 'ya'yan wasu su isa nasu gidan lafiya.