Fatu Bakwai a Zauren Baba

Shekarar da aka kwashi yayana zuwa haƙar kuza, a aikin tilas da ake kira ɗiban gwamna, ita ce shekarar da majigi ya zo mana Ƙofar Dundaye. An nuna wani baƙauye da Bature ke koya wa wanke hannu. Kowa ya yi dariya, ban da Baba. Ya dawo yana cewa waɗanda suka ɗauke masa ɗa ne za su koya masa tsabta.

Baba baduku ne. Ya tattara ragowar jar fata, ya fitar da siffar mutum ɗauke da kwano a ka, har guda bakwai. Kowane ya fi na baya rama, kwanon kuwa sai ƙara girma yake. Na bakwai kwano ne kawai da ƙafafu biyu. Bayan la'asar yakan toshe ƙofar zaure da tabarma, ya kafa madubin Inna a waje yana jefo rana ta wata huda zuwa kan farin zane, ya riƙa wucewa da su ɗaya bayan ɗaya. Ba kiɗa, ba magana.

Da na dawo hutu daga makarantar 'yan mata, na tarar maƙwabta na cika zauren. Wasu na tambayar ina labarin. Wani mahauci ya ce na shidan nan da a ce akuya ce, ko kyauta ba ya so. Abin ya ƙona mini rai. Na ce wa Baba majigin Turawa ma yana da mai fassara, ya bari in yi. Ya ƙi. Wai mai ɗa a wurin haƙar kuza ya riga ya gane, wanda bai gane ba kuwa ba da shi ake ba.

Ban ji ba. Washegari ina bayan zane ina miƙa masa fatun, na bakwai ya fito, aka sake dariya. Na ɗaga murya na ce wannan yayana ne da 'ya'yanku, kuma mai unguwa ne ya ba da sunayensu ya tsallake na gidansa. Mutane suka fara sulalewa, kowa na laluben takalminsa.

Kafin magariba dogari ya zo, ya ƙunshe fatun a cikin zanen, ya ce a gode Allah ba a haɗa da mai su ba. Baba ya durƙusa ya yi godiya, ina kallo.

Na ce ai gaskiya na faɗa.

"Gaskiya ta, ɗiyata," in ji shi. "Wata biyu ina hwaɗin ta ba wanda ya taɓa ni. Ke kinka ba su abin kamawa."

Bai ƙara fitar da siffar kowa a fata ba. Bayan kwana uku wata tsohuwa ta yi sallama, ta roƙa a nuna mata na ukun nan ko sau ɗaya, wai wuyansa irin na ɗanta ne. Baba ya ce in je in gaya mata da kaina abin da ya sa aka kwashe fatun.