Ɗakin Baya da Kujerar Gefen Murhu

Ranar Talata da hantsi aka samu Malachy Tansey maƙale a tagar kicin ɗin gidansa, kai da kafaɗu a ciki, sauran jiki a waje, wando ya zame har gwiwa. Shekararsa tamanin da ɗaya. Wata mata 'yar Holan da ke soya ƙwai a ciki ta ƙwalla ƙara, ta jefa masa tawul a ka. Mu maƙwabta muka kama ƙafafu muka ja, ya fito da ƙyar kamar ɗan maraƙin da ya zo ta baya.

"Malachy, sai da ka tsufa za ka fara sata?" in ji ɗayanmu.

"A ɗakin can aka haife ni," in ji shi, yana jan wando. "Wace ce wannan take taɓa mini kasko?"

Daga nan dariya ta ɗauke mana.

Kowa a wannan gefen na gundumar Leitrim ya san Malachy. Shanu goma sha biyu, gona rabi ruwa rabi dutse, da hula guda tun lokacin da akwai gashi a ƙarƙashinta. Sau ɗaya ya taɓa ƙetare teku, ya je Ingila aikin gini, bayan wata huɗu ya dawo wai shayinsu ba ya shayuwa. Ya auri Philomena, suka haifi ɗa guda, Fintan. Da gwiwa ta fara ƙin hawan tudu, sai ya yi yadda iyayenmu suka saba, ya sa hannu ya miƙa wa ɗan gona da gida tun yana raye. Shekara uku bayan haka Philomena ta rasu.

Farkon bazarar bana Fintan ya ce za a yi wa gidan fenti, Baba ya ɗan koma wani ɗaki mai taya, irin wanda mota ke ja, da ke bayan rumfar ciyawa, mako biyu kacal. Mako biyu ya zama bakwai. Malachy yana ganin motoci suna shiga suna fita, yana ta mamakin yawan masu fentin, har da 'ya'yansu da karnukansu. Ashe Fintan ya sa gidan haya ga masu yawon hutu, ya kuma sauya kwaɗon ƙofa da irin mai lambobi. Tsohon nan rigar sanyinsa kawai ya je ɗaukowa.

Ba kunyar tagar ce ta zaunar da shi a kan katanga har azahar ba. Lokacin da yake maƙale ya ƙare wa kicin ɗin kallo, ya ga babu kujerarsa a gefen murhu. Wata tukunyar fure aka ajiye a wurin.

Washegari ya sa kwat ɗin zuwa jana'iza, muka kai shi gari wurin Lauya Breslin, wadda ofishinta ya rubuta takardar miƙa gonar. Ya shiga da hula a hannu, yana so ya tambaya ko gidan tsofaffi na karɓar mutum da kare.

Lauya ta ɗauko takardar ta karanta masa. Ɗakin baya nasu ne shi da Philomena har ƙarshen ransu. Suna da kicin, da kujera a gefen murhu, da busasshiyar ƙasar fadama da muke ƙonawa maimakon itace duk lokacin sanyi, da madara kullum safe, da wurin zama a mota zuwa coci ranar Lahadi.

"An shigar da shi a rajistar filaye," in ji ta. "Ko sayar da gidan Fintan ya yi, da kai a ciki za a saya, kamar bututun hayaƙi."

Malachy ya saki baki. Shi dai ya san ya sa hannu a ranar, hankalinsa na kan wata saniya mai naƙuda. Sai yanzu ya tuna Philomena ta tsare magatakarda kusan awa biyu tana faɗa masa abin da zai rubuta. Ya ce mata a lokacin, haba Philomena, ɗanmu ne fa. Ta ce ta sani, ita ta haife shi.

Ranar Juma'a ya koma gida ta ƙofa, da wasiƙar lauya a aljihu. Muka tono kujerar daga rumfar ciyawa, kaji sun riga sun yi mata ado. Baƙin da suka maye gurbin 'yar Holan ɗin Jamusawa ne. Da safe suka sauko karin kumallo suka tarar da tsoho cikin dogon wandon barci, ƙafafu a bakin murhu, yana tambayarsu ina madararsa. Kafin la'asar sun haɗa kaya.

Lahadi da safe Fintan ya shigo, fuska ja wur. Malachy ya riga ya shirya, yana jiran mota.

"Baba, rabonka da coci tun jana'izar Mama."

"Yau na shiryu. Gaba zan zauna, ka wanke motar?"

Fintan ya ja kujera ya sassauta murya. Ya ce ya samo masa ɗaki a gari, mai ɗumi, kusa da asibiti, babu matakala. Ya ce gonar ba ta ciyar da kowa yanzu, baƙin nan su ne ke riƙe da ita.

"Ka duba mini, Baba. Ai dai wata rana dole ka bar gidan nan."

Malachy ya gyara hula, ya dube shi sama da ƙasa.

"Zan bar shi, a kafaɗar mutum shida. Kai za ka kama ta wajen ƙirji, can ne nauyin yake."