Kwana Bakwai a Ƙarƙashin Ƙarfe

Kakana, mahaifin babanmu, gyaran littattafai ne sana'arsa. Shagonsa wani ɗan ɗaki ne a bayan makarantar horar da fastoci, taga ɗaya, teburi ɗaya, sai warin gam da ya kama bango har ya kama rigunansa. Duk littafin da bangonsa ya yage ko ɗinkinsa ya kwance, can ake kai masa. Sai ya warware shi takarda-takarda, ya jera, ya ɗinke da allura da zare, ya manna sabon bango, sannan ya danne shi tsakanin katakai biyu, ya ɗora wani tsohon ƙarfen mota a kai. Kwana tara littafi yake yi a wurin. Ko shugaban makarantar ne ya zo yana sauri, amsar ɗaya ce: "Malam, gam bai san ka ba."

Karatunsa bai wuce firamare ba. Amma don kada shafi ya ɓace masa, yakan karanta ƙarshen kowane shafi da farkon na gaba, har abin ya zame masa jiki ya koma karanta duka. Ta haka ya san tarihin ikkilisiya, gutsure-gutsure. Kakata takan tsokane shi ta ce, "Littafin da bai yage ba ai ba ka san da zamansa ba."

Yana da ƙane guda, uwa ɗaya uba ɗaya, wanda muke kira Baba Mai Makulli. Shi ne yake share majami'armu a da, yana buga ƙararrawa, makullan kuma suna wurinsa. A shekarar da aka yi tashin hankali, tun babanmu bai yi aure ba, wasu mutane da makamai suka shiga gidansa da rana tsaka, 'ya'yansa suna wasa a tsakar gida. Suka nemi makulli, ya ba su. Suka tambaye shi ko yana cikin masu sujada a wurin, ya ce shi ɗaukarsa aka yi shara kawai. Suka kwaso littattafan majami'a suka cinna musu wuta. A ciki har da babban Littafi Mai Tsarki na kan bagade da littattafan waƙa arba'in, duk Kakana ne ya ɗinke su.

Da ƙura ta lafa, dattawan ikkilisiya bakwai suka zauna, Kakana yana cikinsu. Baba Mai Makulli ya durƙusa ya roƙi gafara. Uku suka ce a karɓe shi, uku suka ce a hana shi Jibin Ubangiji, wato gurasar da ake raba wa masu bi a majami'a. Saura Kakana. Kowa ya ɗauka jini zai yi aiki, sai ya ce, "Hannun da ya miƙa Littafi ga wuta, da shi zai karɓi gurasa?" Haka aka hana shi. Ƙanen ya kwashe iyalinsa ya koma can ƙarshen gari, ya kama gadi a wurin yankan katako. Shekara ashirin da shida ba sa haɗuwa sai a wurin jana'iza.

Ina aji huɗu na sakandare, ina zaune a wurin kakannina, aka kawo wa Kakana wani ƙaton littafin tarihi da ruwa ya jiƙa. Ran nan ya dawo gida da tsakar rana, abin da bai taɓa yi ba, ya zauna a bakin gado bai cire takalmi ba.

"Lafiya, ko gam ne ya ƙare?" in ji Kakata.

"Ashe abin da ya same mu ya taɓa samun wasu," ya ce. Ya ba mu labarin yadda wani sarkin Rum, shekaru aru-aru da suka wuce, ya ba da umarni a miƙa littattafan Kirista a ƙone. Wasu suka ƙi har aka kashe su, wasu suka miƙa. Da tsanani ya wuce, gardama ta tashi. Wasu suka ce masu miƙawar nan sun ƙazantu har abada. Wasu suka ce ikkilisiya ba ta waɗanda ba su taɓa faɗuwa ba ce kaɗai, mai tuba yana da wurin zama. Aka yi taro bayan taro, mafi yawa suka tsaya a kan magana ta biyu.

"Mutane sun yi shekaru suna tauna maganar nan," ya ce. "Ni kuwa na yanke ta a minti ɗaya, ban ma san an taɓa yin ta ba."

"To ga takalmi a ƙafarka. Mota biyu ce kawai zuwa gidansa."

"In je hannu wofi? In ce masa me?"

"Ka ce, ɗan'uwana, na yi kuskure. Kalma nawa ce?"

Amma Kakana ba mutumin baki ba ne. Abin da hannunsa bai yi ba, ba ya ganin an yi shi. Ya yanke shawara zai kwafe babin nan da hannunsa, ya sauƙaƙa shi yadda ƙanensa zai gane, ya ɗinke shi ya kai masa. Mako uku ya yi yana rubutu, shafi talatin da biyu, in ya yi kuskure ya yage ya sake. Ya sa masa bango mai ruwan ƙasa, ya danne a ƙarƙashin ƙarfe.

A kwana na huɗu Kakata ta ji a kasuwa hawan jini ya matsa wa Baba Mai Makulli. Ta ce, "Ciro shi haka ka tafi."

"Zai lanƙwashe."

"Ya lanƙwashe mana. Kanti za ka kai shi?"

Ya ce saura kwana biyar kacal. Ina wurin, kuma ya fi jin maganata a kan ta kowa, amma ban sa baki ba. Ni ma so nake in ga littafin ya fito da kyau.

A kwana na bakwai aka aiko cewa Baba Mai Makulli ya faɗi, ɓarin jikinsa ya shanye. Kakana ya ɗaga ƙarfen da kansa, muka tafi mu uku. Matar ƙanen ta tare mu a bakin ƙofa, ta dube shi sama da ƙasa.

"Yaya, ka yi sammako. Ai ba a mutu ba tukuna."

Ta kai mu ɗaki. Baba Mai Makulli yana kwance idonsa a buɗe, baki ya karkace, ba magana. Tana gyara masa matashi ta ce shekaranjiya ma yana zaune a ƙofar gida yana hira. Ta ce duk Lahadin Jibi yakan yi wanka ya sa riga mai kyau, ya zauna a bencin baya a majami'ar unguwarsu, ya fita kafin a raba gurasa. Faston wurin ya sha ce masa ya matso, shi kuwa sai ya ce yayansa bai yarda ba tukuna.

Kakana ya buɗe littafin zai karanta, shafukan farko sun manne da juna. Ya yi ta ƙoƙarin raba su da farce, ya gaji ya ajiye. Ya kama hannun da bai shanye ba ya ce, "Ɗan'uwana, na yi kuskure. Na yarda. Ka ji? Na yarda." Idon Baba Mai Makulli yana kan rufin ɗaki, bai juyo ba. Bayan kwana goma sha ɗaya ya rasu.

Kakana ya ƙara shekara huɗu a duniya. Ya tambayi matar ƙanensa, ya tambayi likita, ya tambayi fasto. Ni ma in muna zaune mu biyu yakan ce, "Uwar ɗakina, ke da kike da ido, kina ganin ya ji?" Kullum nakan ce masa ya ji. Gaskiyar ita ce ina tsaye a gefen gadon ina kallon fuskarsa, ban ga komai ba.