Wankan Jegona da Rabin Duron Goggo

A Dutsin-Ma nake aure, amma haihuwar fari a Kurfi na yi ta, gidan Goggo, yayar babanmu, tunda mahaifiyata ta rasu tun ina ƙarama. Goggo ta yi wa mata da yawa wankan jego, kuma a kan wankan nan ba ta yarda kowa ya ce mata uffan.

Washegarin haihuwa na lallaɓo tsakar gida na tarar da rabin duro a kan murhu, ruwa na tafarfasa. Na san duron. Na ɗanta ne mai noman rani a Zobe, a ciki yake dama maganin feshi. Tururin na bugun hancina na ji warin nan mai hawa kai.

"Goggo, ba zan yi wanka da ruwan nan ba."

"Mi kika ce? Ni da hannuna na wanke shi, ɗiyata. Omo, bilic, har ruwan wanke masai na haɗa. Don ƙarhin haɗin, tari na wuni yi."

"Haɗin ma guba ne, Goggo. Ga ɗinki a jikina, ga jaririya na shan nono."

Ta yi min kallon sama da ƙasa, ta shige ɗaki. Kafin azahar labari ya karaɗe unguwa, wai matar Dutsin-Ma raguwa ce, tsoron ruwan zafi take. Masu zuwa barka suka dinga yi min habaici. Abin ya ci min rai, amma na yi kunnen uwar shegu da su. Na aika wa maigidana ya ɗoro babbar tukunyata ta girkin biki a kan babur. Ina cije baki na durƙusa na dirje ta da toka da sabulu, na ɗauraye har sai da yatsa ya daina santsi a jikinta, sannan na ɗora ruwan wankan a cikinta.

Da la'asar Goggo ta fito riƙe da ganyen darbejiya, fuska a murtuke. Ruwan ko sirki ba ta yi masa na kirki ba. Ta tsoma ganyen ta fyaɗa min a gadon baya, ta dakata tana jiran ihun da za ta kai wa 'yan unguwa.

Hawaye na zuba, na juyo na ce, "Ƙara, Goggo. Wannan ruwan nawa ne."