Tawada da Sa Hannun Akawu

Shekarar da sojoji suka rufe majalisa, a ɗan lokacin da aka sake wa maɗaba'ar bayan tashar jirgin ƙasa fenti, a nan Akawu ya fara ganin Tawada. Ran Litinin ce, ƙarfe bakwai da rabi na safe. Akawu ya zo da takardar shedar makarantar mishan a aljihu da wando mai guga, an ɗauke shi aikin gyaran kurakurai. Ya tarar da wani ƙato tsaye gaban akwatin haruffan darma, hannuwansa baƙi ƙirin, yana tsintar haruffa da sauri kamar kaza na tsintar tsaba.

"Kai ne sabon akawun?" in ji ƙaton, wato Tawada. "To, tsaya daga can, kada in ɓata maka wandon nan."

Tun daga ranar sunan ya bi shi.

Tawada aji biyu ya yi a makaranta. In an ba shi jarida sai ya karanta a hankali, leɓe na motsi. Amma a gaban darma, inda haruffa ke juye, ba mai kamo shi. Yana da ɗa'a ga dokar gidan fiye da mai gidan kansa. Dokar kuwa ita ce, ba a ɗora komai a kan inji sai an buga gwaji ɗaya, an kai wa Akawu ya duba, ya sa hannu a kusurwar ƙasa da jan alƙalami. Ko katin ɗaurin aure ne, ko takardar asibiti, haka ake yi.

Shekara goma sha ɗaya suka yi a haka, sojoji na nan kan mulki. Sai ma'aikatan jirgin ƙasa suka shiga yajin aiki, aka harbe bakwai daga cikinsu a ƙofar tasha, su biyun suna kallo ta taga. Washegari, a lokacin hutun rana, Akawu ya zauna ya rubuta layi goma sha tara a kan kisan. Ran Asabar da yamma, bayan mai gida ya tafi, Tawada ya harhaɗa su, ya buga gwaji, ya kawo. Akawu ya duba, ya gyara wuri biyu, hannunsa ya sauka kusurwar ƙasa ya yi abin da ya saba. Ba wanda ya lura a cikinsu. Suka buga dubu biyu, gwajin ya tafi kwandon shara.

A kwandon nan 'yan sandan ciki suka same shi ran Laraba. Suka jera ma'aikata jikin bango.

"Sa hannun wa ne wannan?"

Akawu ya buɗe baki, bakin ya bushe.

"Nawa ne," in ji Tawada.

Suka miƙa masa alƙalami. Ya yi shekara goma sha ɗaya yana ganin zanen nan kullum, sai ya zana shi daidai, har da 'yar wutsiyar ƙarshe. Shekara biyar ya yi a gidan yari. Ya fito babu haƙoran gaba, kunnen hagu kuma ya mutu.

Amma fa ya fito a kan kafaɗun mutane, domin a watan nan mulkin soja ya faɗi. Takardar nan da mutane suka riƙa ɓoyewa a takalmi ta shiga littafin karatu na aji shida, da sunan Tawada a ƙasanta. Aka sa wa layin gidansa sunansa. Shi dai bai canza ba. Ya koma gaban darma har aka daina amfani da ita, ya aurar da 'ya'yansa huɗu, ya zauna kan benci a ƙofar gidansa yana gyaran rediyo da keke ga duk wanda ya kawo.

Akawu kuwa, abin ya tsaya masa a rai. Kullum sai ya bi ta layin in zai je kasuwa, kullum sai ya kau da kai daga allon sunan. 'Yan makaranta kan zo su tsaya gaban bencin su karanta takardar da ka, Tawada na murmushi da dasashi, shi kuma yana gefe, an ɗauke shi wani tsoho mai shan iska. Ya san inda ya ajiye kowace kalma da dalilin ajiye ta. Ya san layi na sha biyu sau uku ya sake shi. Amma in ya ce shi ya rubuta, tambaya ɗaya za a yi masa: to, ina kake shekara biyar ɗin nan da abokinka yake ciki? Amsar kuwa ita ce yana teburinsa, yana duba katunan ɗaurin aure.

"Malam, ka ci abinci mana," matarsa kan ce. "Ko yau ma layin Tawada ka biyo?"

"Ina ruwana da layinsa? Layin da ko kwata babu."

"Allah ya ba ka haƙuri. Je ka nemi a cire maka haƙora, ƙila a sa maka naka allon."

Sau ɗaya tak ya kasa daurewa. An gama wani taro, an rataya wa Tawada lambar yabo, suka dawo bencin su biyu.

"Kai da ko wasiƙa zuwa ga gyatumarka sai na rubuta maka," in ji Akawu. "Ba ka jin nauyi in suna tafa maka?"

Tawada ya juyo a hankali. "Akawu, ta wane kunne ka yi magana? Wannan a can na baro shi."

"Ka ji ni sarai."

"To zagayo ta dama ka maimaita."

Akawu bai zagaya ba. Ya ɗauki sandarsa ya tafi, ya yi wata uku bai taka layin ba. Da ya koma, Tawada ya matsa masa wuri kamar jiya suka rabu, ba wanda ya sake tada maganar.

Bayan shekara biyu Tawada ya rasu, ran Alhamis da hantsi. Akawu ya tsaya a sahun baya. Ya yi kuka na gaske, amma duk da haka ya ƙirga motocin da suka zo.

Da aka koma sabon zangon karatu, 'yar autar Akawu, wadda take koyarwa a firamare, ta shigo da sabon bugun littafin aji shida ta ajiye masa a cinya.

"Baba, buɗe shafi na arba'in da ɗaya."

Ya sa tabarau. Takardar na nan, layi goma sha tara. A ƙasanta sunansa ne, cikakke, da na mahaifinsa.

"Na je ma'aikatar ilimi na tambaya," in ji ta. "Sun ce Kawu Tawada sau tara yana zuwa a bas, ya zauna kan benci tun safe. Suka ce sai da takardar rantsuwa daga kotu, ya je ya yo. Ga kwafinta sun ba ni."

Gajera ce. Ta ce shi Tawada harhaɗawa kawai ya yi, Akawu ne ya rubuta. Ta ce kuma a ranar da aka zo kamu, Akawu ya yunƙura zai amsa, shi ne ya taka masa ƙafa ya hana shi, ya kuma sa shi ya rantse ba zai taɓa faɗa ba, saboda Akawu yana da ƙananan yara.

Akawu ya karanta sau biyu, ya cire tabarau.

"Baba, ashe haka aka yi? Shekara da shekaru ba ka gaya mana ba?"

Ba wanda ya taka masa ƙafa ranar nan. Tsakaninsa da Tawada akwai mutum uku a jikin bangon, yana iya faɗin sunayensu a jere.

"Ja'irin," ya ce a hankali. "Aji biyu fa ya yi, amma dubi labarin da ya tsara."