Ranar da na yi gawa a fim ɗin Bajamushe

Da safiyar wata ranar kasuwar Ƙanƙara, zamanin da kuɗin fetur ke yawo, ina kwance gefen hanya cikin likkafani na ɗan buɗe ido ɗaya. Sai ga Alhaji Sule, mahaifin yarinyar da nake nema, tafe bisa kekensa.

Wani Bajamushe ne ya zo mai da littafi fim, ya zaɓe ni in yi gawa don an ce masa ina da haƙuri. Tafintansa ya ce faifan ɗauka guda ya rage, ko ƙuda ya shiga hancina kada in motsa.

Alhaji ya ja birki a kaina. "Kai Audu, mi kake yi nan?"

Na yi zumbur na durƙusa. "Ina kwana, Baba? An tashi lafiya?"

Bajamushe ya dafe kai yana ihu. Tafinta ya ce, "Wai a littafin gawa ba ta tashi!"

Na ce, "Gaya mashi mai littafin bai taɓa neman aure a Ƙanƙara ba."

Faifai ya ƙare muna kan "ina gajiya".

Tsakani da Allah, ku da kun ci gaba da mutuwa? Malam Idi mai shayi da Malam Sani mai faci suna wurin, ku tambaye su.