Yatsu Huɗun Baffa

Jiya a Birnin Kudu na ga mai faci ya zura hannu tsakanin taya da jikin mota, sai marigayi Baffa ya faɗo mini a rai. Ƙanin mahaifina ne, tsohon direba a hanyar Gwaram.

Ranar da na sayi ƙaramar motata ta farko, murna ta hana ni cin abinci. Na sa aka ɗaura mata manyan rim masu ƙyalli, wato ƙarafan da taya ke hawa, lamba sha bakwai, domin washegari zan kai su Inna biki Sara, kuma ina so a gan mu.

Baffa ya iso, bakinsa jawur da goro. Ya durƙusa ya zura yatsunsa tsakanin taya da jikin motar, biyu kawai suka shiga.

Ya ce, "'Yata, huɗu nake so. Idan kuka cika ta kuka faɗa rami, tayar nan za ta fashe da ku."

Na ɓata rai. Bai ja da ni ba, sai ya kira maƙwabta huɗu suka shiga, ya ce in ja. A kwanar farko muka ji gurza, ƙaurin roba ya cika motar.

Da hannunsa ya mayar da lamba sha huɗu da taya mai kauri. Washegari muka ratsa ramuka cikin ruwan sama lafiya lau, Inna tana guɗa, shi yana gaba yana dariya yana cewa, "Ƙara wuta, direba."

Allah ya yalwata makwancinka, Baffa, ya isar da kai Aljanna lafiya.